Katangar da Ta Ɗan Russuna

Akwai wani dattijo a Rurum Tsohon Gari, Malam Shitu, wanda bai taɓa yin kuskure ba tun da aka haife shi. Shi ya faɗa da bakinsa, kuma babu wanda ya ga ribar yi masa gardama.

Manomi ne, yana taɓa cinikin hatsi a kasuwar Rano. Ba mugu ba ne. Yana fitar da zakka, ba a rasa shi wajen jana'iza. Cutarsa guda ce: in ya ce abu a miƙe yake, to a miƙe yake, ko da abin yana kwance.

Maƙwabcinsa Manu a ruga ya tashi, can wajen Kahu ta ƙasar Kibiya. Da shanu suka yi ƙaranci sai ya sayi gidan da ke jikin na Malam Shitu, ya kama noma, ya zauna da matarsa Lubabatu da 'ya'yansu. Katangar ƙasa guda ce ta raba gidajen biyu.

Shekarar da ya tare, Manu ya ga ɓangarensa na katangar ya zaizaye. Ya kwaɓa ƙasa ya yi mata yaɓe mai kyau. A tunaninsa alheri ya yi. Bai san cewa a unguwar, wanda yake yi wa katanga yaɓe shi ake ɗauka mai ita ba. A ruga babu katanga, balle a yi rigimar mai ita.

Malam Shitu ya kai shi gaban mai unguwa Isiyaku.

"Allah ya taimake ka, ubana ya gina katangar nan da hannunsa. Yau yaɓe, gobe mutumin nan ya ce gadonta ya ci."

Manu ya ba da haƙuri, ya ce rashin sani ne. Mai unguwa ya yanke cewa katanga ta Malam Shitu ce, ciki da waje. Kada Manu ya sake taɓa ta, da hannu ko da itace.

Manu ya ce ya ji. Kuma ya riƙe.

Bayan wasu shekaru Malam Shitu ya samu amfanin gona mai kyau, ya yi niyyar ƙara ɗaki. Da yake mutum ne mai tattali, bai ga dalilin gina bango huɗu ba alhali ga guda a tsaye. Ya gina uku, ya ɗora azara a kan tsohuwar katangar, aka yi rufin ƙasa mai kauri. Indararon kuwa aka juya bakinsa gidan Manu, don kada ruwa ya ɓata wa Malam Shitu tsakar gida.

Damina ta zo ta wuce, wata ta zo. Duk ruwan da ya sauka a kan rufin nan, a gindin katangar yake zuba ta ɓangaren Manu. Ƙasa ta riƙa narkewa tana bin ruwa. Manu yana gani. Gyaran bai fi aikin yini guda ba, amma an ce kada ya taɓa.

Awaki ne suka fara ganewa. Katangar da take a miƙe ba ta da inuwa da rana tsaka. Wannan ta fara yi, awakin Lubabatu suka koma kwanciya a gindinta suna tuƙa.

Hausa ba ta rasa sunan wannan hali ba. Abin da ya bar miƙewa bai kai ga kwanciya ba, sai a ce ya karkace. Hula in ta karkace, ado ne. Kayan mota in suka karkace, a tsaya a ɗaure. Katanga in ta karkace, a tashi daga gindinta.

Sai dai a unguwar su Malam Shitu kalmar ta yi tsada. Wani ya taɓa faɗa a majalisa bayan sallar la'asar, Malam Shitu ya yi wata guda ba ya amsa gaisuwarsa. Daga nan mutane suka nemo wasu kalmomin. Wani ya ce ta ɗan jingina. Wani ya ce tana leƙa gidan Manu ne.

Manu ya same shi a zaure, ya durƙusa ya gaishe shi.

"Malam Shitu, katangar nan ta karkace."

"Idonka ne ya karkace."

"To. Amma da ka shigo ka duba ta wajena. Gindinta ya cinye."

"Mutumin da ya girma a bukkar kara zai koya mini gini? Manu, in saniya ta yi ɗingishi ka zo ka faɗa mini, zan yarda."

Manu ya yi murmushi, ya tashi.

Daga nasa ɓangaren, gaskiya Malam Shitu ba ya ganin komai, don ɗakin ya rufe katangar. Akwai dai wata tsaga da ta buɗe a kusurwar ɗakin daga ciki, har haske yana shigowa. Da matarsa Huseina ta nuna masa, ya sa aka cike ta da yaɓe, aka shafe da farar ƙasa. Magana ta ƙare.

Da damina ta kankama, Manu ya je wajen 'yan'uwansa ya ɗauko gwafa biyu na ƙirya, masu kaurin cinya. Ya tokare katangar da su. Ya san ya taka hukunci, amma ɗakin da 'ya'yansa suke kwana yana ƙarƙashin inuwar nan.

Ba a yi mako ba Malam Shitu ya hau rufi share bakin indararo, ya hango kawunan itacen.

Aka koma gaban mai unguwa.

Wannan karon mai unguwa Isiyaku ya ce sai ya gani da idonsa. Aka yi sallama, mata suka shige ɗaki, ya shiga gidan Manu. Malam Shitu ya tsaya a waje, ya ce ba ya shiga gidan da ake yi wa katangarsa sharri.

Mai unguwa ya dubi katangar. Ya karkata kansa ya sake dubawa. Ya ja da baya kaɗan, ba don komai ba. Sannan ya fito.

"Yaya ka gani, Allah ya taimake ka?" in ji Malam Shitu.

Mai unguwa mutum ne mai son zaman lafiya, kuma ƙanwarsa ce Huseina. Ya yi gyaran murya.

"To... ta ɗan russuna."

"Ladabi ne. Katangar gidan mutunci ce."

Aka yi dariya, irin wadda ake yi don a samu a wuce wurin.

Mai unguwa ya roƙe shi ya bar itacen har kaka, in ruwa ya ɗauke a san abin yi. Malam Shitu ya ƙi.

"Kai ka yanke, da hannu ko da itace. Ko ƙirya ta daina zama itace? In na bar gwafa bana, baɗi shaida za ta zama. A ce ai Manu ne yake riƙe da ita."

Mai unguwa ya dubi Manu, ya kasa haɗa ido da shi.

Manu ya ce, "Zan cire. Amma Malam Shitu, ka ji wannan a gaban mutane. Ba ɗakina kaɗai itacen nan yake karewa ba. Azararka a kanta take."

"Na gode da wa'azi."

A ranar ya cire su, ya jingine a bayan rumbu. Ya kwashe 'ya'yansa da shimfiɗunsu ya mai da su zaure. Ya sauya wa awaki turke.

Lubabatu ta cika ta batse.

"Gidanmu, kuɗinmu, mu koma kwana a zaure kamar baƙi? Wannan haƙurin naka, Malam, wata rana a kanmu zai faɗo."

"Munyal," in ji Manu, wato haƙuri a bakin iyayensa.

"Ka je ka faɗa wa katangar. Ta fi ni buƙata."

Ana cikin haka sai Juwairiyya, 'yar Malam Shitu da take aure a Fassi, ta haihu. Haihuwar fari ce, don haka aka dawo da ita gida wankan jego. Malam Shitu ya ce a sauke ta a sabon ɗaki, don shi ne mai kyau, kuma 'yan barka daga Fassi su ga cewa ba daga kango aka ɗauko ta ba.

Lubabatu ta shiga barka. Ta ɗauki jaririn, ta yi addu'a, idonta yana kan kusurwar nan mai farar ƙasa. Tsagar ta sake buɗewa, an cusa tsumma a ciki.

Da Huseina ta rako ta, Lubabatu ta riƙe mata hannu.

"Yaya Huseina, don Allah ku fitar da yarinyar nan daga ɗakin nan."

"Kin ɗauka ban gani ba? Ni na cusa tsumman."

Huseina ta gwada. Ta bari ya ci tuwo ya ƙoshi, ta ce ɗakin yana da sanyi, mai jego ba ta son sanyi, ko a mai da ita ɗakinta.

Malam Shitu ya ajiye buta.

"Matar Manu ta shigo yau, ko?"

Bai jira amsarta ba, ya ci gaba.

"In aka fitar da ita, kafin magariba duk Rurum ta ji cewa Shitu ya gudu daga ɗakinsa saboda maganar ɗan ruga. Tana nan har ta yi arba'in."

Sai marka ta sauka.

Kwana da kwanaki ana ruwa, ba mai ƙarfi ba, irin mai nacin nan da yake shiga ƙasa a hankali. Tufafi suka ƙi bushewa. Itacen girki ya ƙi kamawa. Indararon Malam Shitu bai huta ba.

Manu ya daina zuwa gona. Ya kan zauna a bakin zaure ta ciki, ya yafa buhu, yana kallon katangar. Ta bayanta yana jin kukan jaririn, yana jin Juwairiyya tana rarrashinsa.

Ranar da abin ya faru, bayan azahar ne ruwan ya ƙara ƙarfi. Manu ya ga wani ɓangare na gindin katangar ya zame ya zauna a cikin ruwa, kamar an yanki tuwo. Daga sama ƙasa ta fara zubowa siriri. Sai ya ji azara ta yi ƙara.

Ya miƙe.

"Lubabatu! Ki ruga ki fito da su Juwairiyya. Yanzu!"

"Kai fa?"

Ya riga ya nufi bayan rumbu.

Ya kafa gwafa ta farko, ya kafa ta biyu. Amma tsakar gidan ta zama laka, gindin itacen ba ya samun abin kamawa. In ya danne wannan da ƙafa da kafaɗa, waccan ta fara zamewa. In ya koma kan waccan, wannan ta motsa.

Lubabatu ta faɗa zauren Malam Shitu ko mayafi babu. Yana zaune yana jan carbi.

"Ku fito da mai jego! Maigidana ya tokare katangar, amma ba za ta jima ba!"

Ta wuce ciki da gudu.

A duk maganar nan, abin da ya shiga kunnen Malam Shitu shi ne an tokare katangar. Ya tashi, ko takalmi bai nema ba. Bai bi ta cikin gidansa ba. Waje ya fita, ya zagaya, ya kutsa gidan Manu babu sallama, gidan da ya rantse ba zai shiga ba.

"Manu! Wato kai ba ka jin..."

Maganar ta tsaya.

Bai taɓa ganin katangarsa ta wannan gefen ba. Ta sunkuyo a kan tsakar gidan, ta yi ciki, samanta ya rufe rabin sararin da ya kamata a gani. Gindinta ya rarake, mutum zai iya tura hannu har gwiwa. Kuma daidai kan ramin, indararonsa yana ta aikinsa.

A ƙarƙashinta ga Manu, laka har wuya, kafaɗarsa a jikin itace.

Daga can bayan katangar aka ji muryar Huseina.

"Ƙofar ta cije! Ta ƙi buɗuwa! Juwairiyya, ja ta wajenki!"

Ɗakin ya riga ya motsa, ya danne ƙyauren. Jaririn yana ta tsala kuka. Juwairiyya tana kiran, "Baba! Baba!"

Gwafa ta biyu ta ja baya a cikin laka, ta bar layi a ƙasa.

Malam Shitu ya tako ya kama ta da hannu biyu. Manu ya dube shi. Daga baya Manu ya ce a wannan lokacin bai san ko Malam Shitu cirewa zai yi ba, don niyyar da ya shigo da ita ke nan.

Malam Shitu ya kafa ƙafarsa a gindin itacen, ya sa kafaɗa.

"Haka ake yi?"

"Ƙara sunkuyawa. Danne da diddige."

Akwai masu ba da labarin nan su ce mutum biyu sun riƙe katanga da ƙarfin imani. Ni ban san wannan ba. Ƙirya ce ta riƙe katanga. Su dai sun hana ƙiryar zamewa, kuma a ranar wannan ma ba ƙaramin aiki ba ne.

Ta can ɓangaren aka fara jin duka. Lubabatu ta samo taɓarya, ita da Huseina suna sauke wa ƙyauren. Duk bugu ɗaya, ƙasa ta zubo wa mazan nan a ka.

"Ku yi a hankali!" in ji Malam Shitu.

"Ku yi da ƙarfi!" in ji Manu.

Malam Shitu ya buɗe baki, ya rufe. Sannan ya ɗaga murya.

"Ku yi da ƙarfi!"

Wani dunƙule ya ɓalle daga sama ya faɗi tsakaninsu. Itacen Malam Shitu ya fara lanƙwasa, ana jin yana ƙara a cikin kafaɗarsa. Ƙafarsa tana nitsewa. Bakinsa yana ta salati.

Ƙyaure ya fashe.

Babu abin da ake ji sai ruwa. Kukan jaririn ma ya ɗauke.

Sai muryar Lubabatu, daga nesa da ɗakin.

"Sun fito! Malam, sun fito! Ku saki!"

"Tare za mu saki," in ji Manu. "Ka yi wajen rumbu. Bismillah!"

Suka saki. Manu ya fi shi ƙuruciya, ya kai. Malam Shitu laka ta riƙe masa ƙafa, ya faɗi, ya ja jiki. Katangar ta sauko gaba ɗaya, ba ta ko yi wata babbar ƙara ba. Bakinta ya same shi daga gwiwa zuwa ƙasa.

A daidai lokacin rufin sabon ɗakin ya rufta. Azara da ƙasar da ta sha ruwa suka sauka a kan gadon mai jego.

Manu ne ya tone ƙafar da hannunsa, ya jawo shi. Da Malam Shitu ya ɗaga kai, babu komai tsakanin gidajen biyu. Yana kwance a tsakar gidan Manu yana kallon tasa tsakar gidan. Ga Juwairiyya a tsaye cikin ruwa, Lubabatu ta rufe jaririn da zaninta.

Ya daɗe yana kallon inda gadon yake.



Ɗakin 'ya'yan Manu ma ya tafi, amma babu kowa a ciki, ko tabarma. Juwairiyya ta ƙarasa arba'in ɗinta a ɗakin Lubabatu, don shi ne bai yi yoyo ba.

Mai ɗori ya yi iya ƙoƙarinsa. Ƙafar ta haɗu, amma ba ta koma daidai ba. Da Malam Shitu ya fara fita masallaci da sanda, jikinsa yana rinjaya gefe guda. Mutanen majalisa, da yake sun saba, suka yi masa sannu, wani ya ce ai Malam ya warke sarai, ɗan jingina kawai yake yi.

Malam Shitu ya tsaya.

"Karkacewa na yi. Ku faɗa yadda yake. Da kun faɗa mini tun a katanga, da ba a kai ga ƙafa ba."

Wannan ba adalci ba ne gaba ɗaya, don an faɗa masa. Amma babu wanda ya ga ribar yi masa gardama.

Da kaka ta yi, shi ya sayi ƙasa, shi ya biya magina, aka tayar da ɗakin 'ya'yan Manu kafin a taɓa nasa. Sabon indararo a tsakar gidansa yake zuba.

Ranar yaɓen sabuwar katanga ya aika aka kira mai unguwa Isiyaku da dattawan unguwa. Ya dogara sandarsa ya je inda Manu yake tsaye can gefe, hannuwansa a baya, kamar yadda ya saba tsayawa kusa da katangar nan.

Ya kamo hannun Manu, ya tsoma shi a cikin kwaɓaɓɓiyar ƙasa, ya manna shi a jikin katangar.

"Allah ya taimake ka, ka shaida. Ya yi mata yaɓe."

Mai unguwa ya ce ya shaida.

Magina suka zo za su shafe wurin, Malam Shitu ya hana. Shatin yatsun nan biyar yana nan a jikin katangar, ta ɓangaren Malam Shitu, inda yake ganinsa kullum in ya fito alwala.

Darasi: Abin da ya karkace ba ya miƙewa don an sauya masa suna. In maƙwabcinka ya ce katangarka ta karkace, kafin ka duba idonsa, zagaya ka tsaya inda yake tsaye, don akwai aibin da ba a ganinsa daga cikin gida. Kuma wanda kake hana wa taɓa katangarka, wataƙila shi ne yake riƙe da rufinka. Ku tura wa 'yan'uwa da abokai. In akwai wanda kuka daɗe kuna ce masa ya ɗan russuna, ku fara da shi.